Fayil Ɗin da Ya Ɓata: Darasi a kan DLL

Gabatarwa

A Zuru, inda aka kafa Jami'ar Aikin Gona ta Tarayya a shekarar 2020, ɗalibin kimiyyar halittu ba ya rabuwa da na'ura mai ƙwaƙwalwa, wato kwamfuta. Kwanakin baya wata ɗaliba ta zo mini hankali a tashe. Ta shafe damina guda tana auna tsawon dawa da nauyin zangarniya a gonar gwaji, saura mako biyu ta miƙa kundinta, sai manhajar lissafi ta ƙi buɗewa. Saƙon da ya fito shi ne ba a sami VCRUNTIME140.dll ba. Har wani ya ba ta shawarar ta ɗauko fayil ɗin daga intanet. Maƙasudin wannan darasi shi ne bayyana dalilin da ya sa na hana ta.

Mene ne DLL?

Akwai ayyukan da kusan kowace manhaja ke bukata, kamar zana taga a allo da aika rubutu ga na'urar ɗab'i. Maimakon kowacce ta ɗauki nata umarnin, sai a tara umarnin a fayil guda, duk mai bukata ta ɗiba a lokacin da take aiki, tamkar rijiyar unguwa. A tsarin Windows sunan irin wannan fayil yana ƙarewa da .dll, a Linux da .so, a macOS kuwa da .dylib. Amfaninsa shi ne tsimin wuri da sauƙin gyara. Illarsa kuwa, in fayil ɗaya ya ɓata, duk manhajojin da suka dogara da shi sai su tsaya cik.

Yakan ɓata ne idan an cire wata manhaja ta tafi da shi, ko manhajar riga-kafi ta killace shi, ko wuta ta ɗauke ana tsakiyar girka wani abu, ko kuma tun farko ba a sanya shi ba.

Darasi Daga Ƙarin Jini

Tun da Karl Landsteiner ya gano rukunonin jini a 1901, likita ba ya ƙara wa majinyaci jini don kawai launinsa ja ne. Sai ya tabbatar da abu biyu: rukunin ya dace, kuma babu cuta a ciki. Haka lamarin DLL yake.

Na farko, dacewa. Fayiloli biyu suna iya ɗaukar suna ɗaya, alhali ɗaya na manhajar bit 32 ne, ɗaya na bit 64. In aka cuɗanya su, sau da yawa kuskuren 0xc000007b ke biyo baya.

Na biyu, cuta. Manhaja tana aiwatar da duk umarnin da ta tarar a cikin DLL ba tare da tambaya ba. Ƙwayar Stuxnet da aka gano a 2010, wadda ta lalata injunan tace yuraniyom a Natanz ta ƙasar Iran, ta musanya wani fayil na DLL ne da na jabu mai suna iri ɗaya.

Matakan Gyara

1. A fara kwafe bayanan bincike zuwa wani wuri dabam. Ɓatan DLL ba ya shafe su, amma gyaran ganganci yana iya yin haka.
2. A duba ma'ajiyar killacewa ta manhajar riga-kafi.
3. In sunan VCRUNTIME140.dll ne ko MSVCP140.dll, a girka kunshin Visual C++ Redistributable daga shafin Microsoft kansa, na x86 ga manhajar bit 32, na x64 ga ta bit 64.
4. In abin ya ci tura, a cire manhajar a sake girka ta daga asalinta.
5. In fayil ɗin na Windows ne, a buɗe Command Prompt da ikon mai gudanarwa, a rubuta sfc /scannow.

Kammalawa

Mataki na uku ne ya warware matsalar ɗalibar, ta kuma miƙa kundinta a kan kari. Mai karatu ya riƙe wannan: suna kaɗai ba ya tabbatar da ingancin fayil. Abin tambaya shi ne, daga hannun wa ya fito?