Amsoshin Tambayoyinku: Wane ne Rabilu Musa Ibro?

Mai sauraronmu daga Dutse ya nemi tarihin marigayi Ibro. To malam, maƙwabcinku ne. An haifi Rabilu Musa a 1971 a Ɗanlasan, kusa da Wudil, garin da kuke ratsawa in za ku Kano. Ya yi aikin gandiroba kafin ya rungumi wasan barkwanci, ya fito a finafinai irin su Ibro Awilo da Andamali. A 2008 kotun tafi-da-gidanka ta ɗaure shi kan fim ɗin Ibro Aloko.

A ganina, ƙarfinsa shi ne bakinsa: Hausar ƙauye tsantsa, wadda talaka yake jin kansa a cikinta. Ya rasu ranar 10 ga Disamba, 2014. Allah Ya jiƙansa.