SARKIN MUSULMI BELLO DA TASWIRAR KOGIN KWARA

Idan aka ambaci Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, abin da yake fara zuwa a zuciyar mutane shi ne jihadi da mulki da rubuce-rubucen addini. Amma akwai wani fanni na iliminsa da ba a cika yi mana bayaninsa ba, wato sanin ƙasa da gulabe. Wannan fannin nake so in jawo hankalin 'yan'uwana ɗalibai da iyayenmu a kansa, domin a cikinsa akwai darasi babba.

An haifi Bello a shekarar 1781. Shi ɗa ne ga Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, kuma ya yi karatu a wurin mahaifinsa da baffansa Abdullahi. Shi ne ya kafa birnin Sakkwato a 1809. Da Shehu ya rasu a 1817 sai ya zama Sarkin Musulmi, ya yi shekara ashirin a kan mulki, ya rasu a Wurno a 1837, can aka yi masa kabari. Tun kafin ya hau mulki, a 1812, ya rubuta littafinsa mai suna Infakul Maisuri. Ba labarin yaƙi kaɗai ke cikin wannan littafi ba. Ya fara ne da bayanin ƙasashe ɗaya bayan ɗaya, kamar Barno da ƙasar Hausa da Ahir da Songhai, da mutanensu da malamansu. Ke nan mutum ne wanda ya san inda yake zaune, ya kuma san maƙwabtansa.

A wannan zamani kuwa Turawa suna cikin ruɗani game da kogin Kwara, wanda suke kira Neja. Tsawonsa ya kai kamar mil 2,600. Yana tasowa daga duwatsun ƙasar Gini, ya yi arewa maso gabas har kusa da Tambutu, sa'an nan ya karyo ya yi kudu. Wannan lanƙwasa ita ce ta rikita su. Wasu suka ce yana haɗuwa da kogin Nilu na Masar. Wasu suka ce yana ƙarewa ne cikin wata babbar fadama a tsakiyar Afirka. Wasu kuma suka ce ai shi ne kogin Kwango. Mungo Park ya gan shi a Segu a 1796, ya sake dawowa don ya bi shi har ƙarshensa, amma ya halaka a Busa a 1806, ƙasa da Yawuri, ba nisa ƙwarai da ƙasarmu ta Zuru.

A watan Maris na 1824 wani Bature mutumin Birtaniya, Kyaftin Clapperton, ya iso Sakkwato ta hanyar Tarabulus da Barno da Kano. Bello ya karɓe shi da mutunci, suka yi ta zantawa. Clapperton ya rubuta cewa wata rana Sarkin Musulmi ya zana masa hanyar kogin a kan rairayi, ya gaya masa yana faɗawa cikin teku wajen wani wuri da ya kira Funda. Ko da yake Funda ba a bakin teku take ba, tana kusa da inda Binuwai ke haɗuwa da Kwara ne, maganar cewa kogin kudu yake yi har teku ita ce gaskiya. Amma da baƙon ya nemi ya tafi Yawuri da Nufe ya gani da idonsa, sai aka gaya masa hanyar ba lafiya, bai samu tafiya ba.

Abin mamaki, taswirar takarda da Bello ya ba shi, wadda aka buga a cikin littafin tafiyarsu a Landan a 1826, ta faɗi wani abu dabam. A cikinta an sa Sakkwato da garuruwa da hanyoyin fatake, amma an nuna Kwara ya yi gabas, an kuma rubuta cewa shi ne yake isa Masar. To, ta yaya mutum ɗaya zai ba da amsa biyu?

Masana tarihi sun kasu biyu a nan. Kashi na farko suna cewa mai zanen ya bi abin da ke cikin littattafan Larabawa na dā ne, waɗanda suka ɗauka kogin ƙasar baƙar fata da Nilu asalinsu ɗaya. Kashi na biyu suna cewa da gangan aka yi, don kada a miƙa wa baƙo mabuɗin gida. Ni dai hankalina ya fi kwanciya da magana ta biyu. Dalili kuwa shi ne Bello ya san Turawan Ingila sun riga sun mallaki ƙasar Indiya. Fataken Hausa kuma suna zuwa Nufe da ƙasar Yarbawa, ba za a ce labarin kudu bai iso fadarsa ba. Wanda ya san inda kogi ya faɗa teku, ya san ta inda jirgin ruwa zai shigo.

Abin da ya biyo baya ya nuna wannan tsoro ba na banza ba ne. Clapperton ya koma Sakkwato, ya rasu can a 1827. A 1830 yaronsa Richard Lander da ƙanensa John suka shiga kwalekwale suka gangara daga Busa har teku. Daga nan jiragen 'yan ciniki suka fara shigowa. A 1886 gwamnatin Ingila ta ba kamfanin Royal Niger iko a kan kogin, a 1903 kuwa Turawa suka ci Sakkwato. Hanyar da aka fara nema da sunan ilimi, ita aka bi aka ƙwace ƙasa.

Mene ne namu a ciki? Na farko, kada wani ya ce mana kakanninmu ba su san ƙasarsu ba sai da Bature ya zo. Masunta da sarkawa da fatake suna bin Kwara tun kafin a haifi Mungo Park. Na biyu, sanin ƙasa dukiya ne, kuma wanda bai san gonarsa ba, wani zai nuna masa iyakarta. Mu nawa ne a cikinmu za su iya zana hanya daga Danko zuwa Zuru, su sa rafuka da fadamu da rijiyoyi a inda suke? Mu nawa suka san Gulbin Ka yana zubawa ne cikin Gulbin Sakkwato, shi kuma ya zuba cikin Kwara? Tsohuwar Busa ma yanzu tana ƙarƙashin tafkin Kainji tun 1968, wanda bai karanta ba ba zai san an taɓa yin gari a wurin ba.

Saboda haka ina roƙon 'yan'uwana mu daina raina darasin labarin ƙasa. In an yi hutu, kowa ya zauna da dattawan garinsu, ya tambaye su sunayen rafuka, da wanda yake ƙafewa da rani, da inda ake samun ruwa kusa in an haƙa rijiya, ya zana a takarda ya ajiye. Iyayenmu kuma su daure su gaya mana, gama abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai gani ba.

Allah ya jiƙan Sarkin Musulmi Bello, ya ba mu ilimi mai amfani, amin.