Wasiƙa Ga Matasan Situdiyo: Shekarun Rahman Kafin Roja

'Ya'yana masu neman abinci da kiɗan fim.

Wani yaro a Kano ne ya jawo wannan wasiƙa, ɗan mutunci, kuma Allah Ya ba shi kunne. Bara yana gaban maigidansa a situdiyo yana koyon fiyano. Bana ya sayi kwamfuta, ya ɗauke ƙafa, wai ya gama koyo. Yanzu sai ya sauke kiɗan wani daga intanet, ya ɗora murya, ya manna sunansa. In aka tambaye shi gwaninsa, ya ce A. R. Rahman.

To, ga labarin gwanin nasa.

An haifi Rahman a Madras, wato Chennai ta yau, a 1967. Mahaifinsa, R. K. Shekhar, mai tsara kiɗan finafinan harshen Malayalam, ya rasu yaron yana ɗan shekara 9. Gidan ya koma cin abinci da kuɗin hayar kayan kiɗan da mamacin ya bari. Yana ɗan shekara 11 ya shiga ayarin Ilaiyaraaja, babban makaɗin finafinan Tamil, yana danna fiyano. Shekara da shekaru yana kaɗa abin da wasu suka tsara, sunansa ba ya fitowa a allo. Daga nan ya koma kiɗan talla, inda dole mutum ya kama zuciyar mai sauraro cikin 'yan daƙiƙoƙi. Sai a 1992 darakta Mani Ratnam ya damƙa masa kiɗan fim ɗin Roja, yana da shekara 25. Wannan dogon zaman ƙarƙashin manya shi ne abin da yaranmu ba sa son ji.

Finafinan Bombay, Dil Se da Lagaan sun biyo baya, kowa ya san su. Abin da ba kowa ya sani ba shi ne a 2002 mai shirya wasannin dandamali Andrew Lloyd Webber ya kai shi Landan, ya tsara kiɗan Bombay Dreams, wasan dandamali mai waƙe-waƙe. A dandamali babu "a sake ɗauka". Mawaƙiya za ta rera a gaban jama'a kowane dare, makaɗa na biye da ita, kuma dole waƙar ta ciyar da labari gaba. Wanda hannunsa bai faɗa ba, nan asirinsa ke tonuwa. Wasan ya yi shekara biyu a Landan, amma da aka kai shi New York a 2004 bai yi kasuwa kamar can ba. Rahman bai karaya ba, a 2009 ya karɓi kyautar Oscar guda biyu saboda fim ɗin Slumdog Millionaire.

Haba 'ya'yana! Ina kuka baro ladabin koyo? A da, ɗan amshi yakan yi shekaru bayan ubangidansa kafin ya buɗe baki da tasa waƙar. Makaɗan kalangun Shata ba na'ura ce ke gyara musu hannu ba. Yau ana jin waƙa a fim, a rasa abin da ya haɗa ta da labarin. An dai cusa ta don a yi rawa. Sannan ga batun haƙƙi. Rahman ya musulunta tun kafin ya yi suna, kuma addinin da muka yi tarayya da shi a ciki bai halatta wa kowa cin gumin wani ba, ko da gumin kiɗa ne.

A 2008 ya buɗe makarantar kiɗa ta KM a Chennai domin yara su zauna su koya daga tushe. Duk wanda ya bar maigidansa tun hannunsa bai nuna ba, don Allah ya koma ya ba shi haƙuri, ya zauna.