Kafin ka ɗora kyamara a kan mai taɓin hankali

Sana'ata shirya fina-finan gaskiya, waɗanda babu ɗan wasa a cikinsu, kuma aikin da na fi daɗewa a kansa shi ne na masu larurar ƙwaƙwalwa da iyalansu. Abin da ya fi cin lokaci a wannan aiki shi ne neman yarda.

Wanda ciwo ya tasar wa yana iya cewa "na yarda" alhali bai san abin da ya amince da shi ba. Don haka nakan jira sai ya samu sauƙi, likitansa ya tabbatar, sannan in nuna masa abin da na ɗauka kafin kowa ya gani. In ya ce a cire, an cire ke nan. A ƙasar Hausa fuskar mutum ta gidansu ce gaba ɗaya. Ranar da masu binciken aure suka zo, ƙanwarsa za a fasa aura, a ce ai gidansu akwai hauka. Ko a Amurka, fim ɗin Titicut Follies na 1967 da Frederick Wiseman ya ɗauka a asibitin Bridgewater, kotu ta hana a nuna wa jama'a shi har 1991, a kan hujjar kare sirrin majinyata.

Wata baiwar Allah da ciwon damuwa ya kama bayan haihuwa ta ce a ɗauki labarinta, amma ban da fuskarta. Muka ba ta takarda da biro. Ta zana ɗaki marar ƙofa, ita a tsugune a lungu, jaririn can nesa da ita. Hannayenta kaɗai muka ɗauka, da lalle a yatsunta, tana zane tana bayani. Daga baya muka ɗauki hannayen nan a kan keken ɗinkinta, domin tela ce, uwa ce, ɗalibar Islamiyya ce. Fim ɗin da ya nuna ciwon ya bar mai ciwon, a ganina, bai faɗi gaskiya ba.

Shi ya sa raina ke ɓaci in na ga matasa sun zagaye majinyaci a bakin kasuwa suna tsokanarsa, suna ɗauka don TikTok. Ɗan wani ne, wataƙila uban wasu.

Wannan ciwo yana da magani. Akwai asibitocinsa a Barnawa cikin Kaduna, da Dawanau a Kano, da Kware a Sakkwato, da Maiduguri. A Janairun 2023 aka sa hannu kan sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa ta Najeriya, wadda ta maye gurbin ta 1958, ta kuma tanadi haƙƙin majinyaci.

Jama'a, in kun ga irin wannan bawan Allah a titi, ku mayar da waya aljihu, ku nemo danginsa ko mai unguwa, a kai shi asibiti.