Wasiƙa Zuwa Ga Matasan Katsina Masu Son Wasan Ces

Ƙannena da 'ya'yana,

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami wani zama ne da na yi a teburin mai shayi, nan kusa da Ƙofar Soro. Samari uku na tarar sun haɗa kai a kan waya ɗaya, shayinsu har ya huce. Na ɗauka ƙwallo suke kallo, ashe ces suke bugawa da wani mutum a wata ƙasa. Da hira ta yi hira, ƙaraminsu ya ce da ni shi fa da ya gama sakandare ya raba gari da boko, ces zai riƙe sana'a, ai ya ga inda ta kai Tunde Onakoya. Na ji daɗi, na kuma ji tsoro, kuma tun daren nan maganarsa ba ta bar zuciyata ba.

Daɗin da na ji mai dalili ne. Mu ba baƙi ba ne a wasan lissafi. Dattijon da ke zaune gindin bedi yana dara, gurbi talatin a ƙasa, kowa da 'ya'yansa goma sha biyu, yana hango kisa tun kafin abokin wasansa ya ɗaga hannu. Garin nan ne kuma ya ba duniya Malam Muhammadu al-Katsinawi, wanda a 1732 ya rubuta littafi da Larabci kan yadda ake jera lambobi a gidajen hatimi su ba da jimla ɗaya ta kowane ɓangare, ya rasu a Alƙahira a 1741. Don haka in ɗan Katsina ya zauna gaban allo mai gida 64 ya yi nisa cikin tunani, gado ya yi.

Tsoron kuwa, bari mu fara da shi Onakoyan. A shagon wani mai aski a Ikorodu ya koyi wasan. A watan Afrilu na 2024 ya shafe awa 60 yana bugawa a tsakiyar birnin New York, a 2025 ya koma ya yi awa 64. Amma ku tambaya, me ya zaunar da shi? Kuɗin karatun yara yake nema. Ƙungiyar da ya kafa a 2018, Chess in Slums Africa, aikinta shi ne ta bi yaran unguwannin talakawa da na ƙarƙashin gadar Oshodi a Legas, ta jawo su da ces, ta kai su aji. Wanda ya hana idonsa barci kwana biyu da rabi don yara su shiga makaranta, shi za ka kafa hujja da shi ka fita daga makaranta? Ɗana, ka sake dubawa.

Ga yadda tsanin wasan yake. Hukumar ces ta duniya, FIDE, wadda aka kafa a Faransa a 1924, ita ke ba da maki da muƙamai. Mafi girman muƙami shi ne na babban gwani, wanda ake kira giranmasta. Kafin ka same shi sai makinka ya kai 2500, sannan ka nuna bajinta sau uku a manyan gasanni, inda dole cikin abokan karawarka a sami manyan gwanaye da 'yan wasu ƙasashe. Wannan sharaɗi na ƙarshe shi ne ƙashin bayan maganar. Ba a cika shi daga ɗaki a Ƙofar Marusa. Sai da biza, da kuɗin jirgi, da na masauki na kwana tara ko goma, duk da kuɗin waje, kuma kana iya dawowa hannu rabbana. Masu wannan muƙami a duniya duka ba su wuce wajen dubu biyu ba. Najeriya, da mutanenta sama da miliyan 200, ba ta fitar da ko ɗaya ba tukuna. Kuma ba rashin kai ba ne: Odion Aikhoje ya ciyo mana lambar zinariya a gasar ƙasashen duniya da aka yi a Elista ta Rasha a 1998.

Kun ji labarin Gukesh, yaron Indiya da ya zama zakaran duniya a Singafo a Disambar 2024 yana ɗan shekara 18, a karawar da aka zuba wa dala miliyan biyu da rabi. Gaskiya ne ya ajiye zuwa makaranta tun yana ƙarami. Abin da ba a cika faɗa muku ba shi ne mahaifinsa likitan kunne, hanci da maƙogwaro ne, ya bar aikinsa ya riƙa yawon gasa da shi, gidan ya koma kan albashin mahaifiyarsa, har abokan arziki suka riƙa haɗa musu kuɗi. Ya zama giranmasta yana da shekara 12. Bayansa kuma akwai ƙasa mai manyan gwanaye fiye da 80, da makarantun ces, da kamfanoni masu ɗaukar nauyi. Wanda ya fara a shekara 17 da wayar yayansa, hanyarsa daban ce, kuma ba ƙasƙanci ba ne a gaya masa haka.

Ko a can saman ma ba kullum ake kwana a gado ba. Steinitz, zakaran duniya na farko, a talauce ya mutu a New York a 1900. Yawancin gwanayen yau da koyarwa suke cin abinci, kuɗin gasa na 'yan ƙalilan ne.

Ni waɗanda nake so ku sa a gaba 'yan nahiyarmu ne biyu. Bassem Amin na Masar, ɗan Afirka na farko da makinsa ya haura 2700, likita ne. Yana zagaya gasanni yana karatun likitanci har ya kammala. Amon Simutowe na Zambiya, giranmasta na farko daga Afirka kudu da Sahara, ces ce ta samo masa tallafin karatu a jami'a a Texas ta Amurka, ya karanta tattalin arziki, daga nan ya wuce Oxford. Dukansu biyu sun kai inda babu ɗan Najeriyar da ya kai, kuma babu wanda ya yar da littafinsa a hanya.

Akwai maganar da ba zan tsallake ba, tunda a Katsina muke. Duk wanda ya sauke Risala a zaure ya san an ambaci wasan nan da sunansa na Larabci, shaɗaranji, kuma malaman Malikiyya sun tsananta a kansa, yayin da na Shafi'iyya suka sassauta bisa sharuɗɗa. Kada ku yi kamar ba ku ji ba, kada kuma ku ɗauki fatawa daga bakin abokin wasa. Ku je gaban malaminku da ladabi ku tambaya. Inda babu saɓani ko kaɗan shi ne: in aka sa kuɗi ya zama caca, in ya ci lokacin salla ya zama ɓarna. Wannan na sani da idona, wasan minti uku-uku na waya yana da jaraba. Ka ce ɗaya za ka yi, a cinye ka, ka ce sai ka rama, kafin ka ankara an kira asuba, datarka ta ƙare, kanka na ciwo, ba ka kuma ƙaru da komai ba. Nan ne dara ke cin gida.

Wanda ke son wasan da gaske, to ya sauko da shi daga waya zuwa allo. Ku haɗa kuɗi ku sayi allo ɗaya, ku zauna ido da ido, ku yi wasa mai tsawo, irin wanda a gasa yakan ci awa huɗu ko biyar. Ku riƙa rubuta kowane motsi a littafi. In an cinye ka, kada ka tashi da fushi. Zauna da wanda ya cinye ka ku bi wasan daga farko, ku gano inda dokinka ya ɓata, kafin ka tambayi kwamfuta. Kada kuma ka taɓa sa ta ta buga maka a ɓoye, domin sata ce, kuma sunan da ya ɓaci da ita da wuya ya gyaru. In Allah ya kai ka Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa ko Kwalejin Hassan Usman, nemi 'yan'uwanka ku kafa ƙungiya, ku sa ƙannenku mata a ciki. Akwai ces a wasannin jami'o'i na NUGA, akwai ta a bikin wasanni na ƙasa. Ta nan ake fara ganin mutum.

Kai kuma ɗana na teburin mai shayi, in takardar nan ta iso hannunka, ina roƙonka ka je ka yi rajistar JAMB ɗin bana. Ka riƙe allonka, ba na ce ka ajiye shi ba. Ka gaishe mini da mahaifanka.

Wassalam.