DARASI: INSHORAR KAYAN AIKIN MAI SANA'A DA KE KWANA A MOTA

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Godiya ta tabbata ga Allah Ubangijin talikai, wanda ya halatta ciniki ya haramta riba. Tsira da aminci su tabbata ga shugabanmu Annabi Muhammadu, da alayensa da sahabbansa, da waɗanda suka bi tafarkinsu har zuwa ranar sakamako.

Bayan haka, ya ku 'yan'uwa Musulmi, tambaya ta yawaita daga masu sana'ar hannu na garuruwanmu, Maraɗi da Damagaram da Tawa da Yamai: masu walda, kafintoci, masu gyaran famfo, masu aikin wutar lantarki da makanikai. Da yawansu motarsu ita ce shagonsu. Injin walda da injin wuta da injin huda da zarto da sifanu duk suna cikin akori-kura ko bayan babur mai ƙafa uku, can suke wuni, can suke kwana. Idan ɓarawo ya fasa motar, ko gobara ta kama ta, a dare guda magidanci ya koma ba ya da abin ciyar da iyalinsa. Shin ya halatta ya yi wa kayan nan inshora, wadda muka fi sani a nan da asurans? In bai halatta ba, ina mafita? Wannan shi ne darasinmu, muna roƙon Allah ya datar da mu.

MATSAYIN KAYAN AIKI A SHARI'A

Sana'ar hannu gadon Annabawa ce. Ya inganta cikin Buhari cewa Annabi Dawuda (A.S.) daga aikin hannunsa yake ci, kuma Muslim ya ruwaito cewa Annabi Zakariyya (A.S.) kafinta ne. Don haka ne Shari'a ta ba kayan aiki wani matsayi na daban: ba a fitar da zakka a kan guduma da zarto da injin da mutum yake aiki da su, komai tsadarsu, domin ba hajar sayarwa ba ne, hanyar abinci ne. Tsare dukiya kuwa yana cikin abubuwa biyar da malaman Usulu suka ce Shari'a ta zo don kiyaye su: addini, rai, hankali, zuriya da dukiya.

Kada wani ya ce neman kariya ga dukiya rashin tawakkali ne. Tirmizi ya ruwaito cewa wani mutum ya tambayi Manzon Allah (S.A.W.) game da taguwarsa, ko ya ɗaure ta ko ya sake ta ya dogara ga Allah, sai ya umurce shi da ya ɗaure ta sannan ya dogara. Motar mai sana'a a yau ita ce taguwar jiya, kwaɗo da mai gadi su ne igiyarta.

ABIN DA TAKARDAR MOTA BA TA BIYA

Akwai wani kuskure da ya zama ruwan dare. Mutum yana ganin tunda yana da takardar asurans da jandarma ke tambaya a hanya, to kayansa ma sun shiga ciki. Ba haka abin yake ba. Ƙasarmu Nijar tana cikin ƙasashe 14 na Afirka da ke bin dokar inshora guda, wadda ake kira CIMA. An sa hannu kan yarjejeniyarta a Yawunde, babban birnin Kamaru, a shekarar 1992, dokar ta soma aiki a 1995. Inshorar da wannan doka ta tilasta wa mai mota ita ce ta ɓarnar da motarsa za ta yi wa wasu mutane, ga jikinsu ko dukiyarsu. Kayan da aka ɗora cikin motar ba su ciki, satar motar kanta ma ba ta ciki.

Wanda yake son kamfani ya ɗauki nauyin kayan aikinsa sai ya ƙulla wata yarjejeniya ta daban, ya biya kuɗi na daban. Irin wannan kuwa galibi tana da sharuɗɗa masu yawa: a rubuta kayan ɗaya bayan ɗaya tun farko, a nuna takardun sayensu, a ga alamar cewa fasa motar aka yi da ƙarfi, a kai rahoto wurin 'yan sanda, a sanar da kamfani cikin awa 48 idan sata ce. Bayan haka sai a rage darajar kayan gwargwadon tsufansu, a kuma bar wa mai kayan wani kaso na hasarar ya ɗauka da kansa. Wasu yarjejeniyoyin ba sa biya sam idan motar ta kwana a bakin titi. Duk wanda zai sa hannu kan takardar da aka rubuta da Faransanci, to ya nemi amintacce ya karanta masa ita layi-layi.

HUKUNCIN INSHORAR KASUWANCI

Inshorar dole, wadda hukuma ta ɗora wa masu motoci, malamai sun ce babu laifi a kan wanda ya biya ta, domin tilas ne. Maganarmu a kan wadda mutum zai je ya saya da zaɓinsa ce.

Wannan mas'ala ba ta kasance a zamanin magabata ba. Daga cikin waɗanda suka fara magana a kanta akwai Ibnu Abidin, malamin Hanafiyya na Dimashƙa, wanda ya rasu a 1836, lokacin da ya ga 'yan kasuwa suna biyan wasu Turawa kuɗi don su lamunce masu kayansu na cikin jiragen ruwa. Bai ga halaccin karɓar wannan diyya ba. A zamaninmu, majalisar fiƙihu ta Rabiɗa da ke Makka ta yanke a shekarar 1398 bayan Hijira (1978) cewa inshorar kasuwanci haram ce. Majalisar fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi ta yanke irin wannan hukunci a Jidda a watan Disamba na 1985. Manyan hujjojinsu uku ne.

Na farko, garari, wato ƙulla ciniki a kan abin da ba a san ƙarshensa ba. Muslim ya ruwaito daga Abu Huraira (R.A.) cewa Manzon Allah (S.A.W.) ya hana cinikin garari. Mai walda zai iya biyan kamfani shekara 10 bai karɓi ko dala ba, wani kuma ya biya wata guda ya karɓi miliyan. Ranar da suke ƙulla cinikin babu wanda ya san abin da zai bayar duka, ko abin da zai karɓa.

Na biyu, riba. Kuɗi ne aka bayar don a karɓi kuɗi, ba daidai wa daida ba, ba kuma hannu da hannu ba. Ga shi kuma kamfanonin suna juya abin da suka tara a hanyoyin kuɗin ruwa.

Na uku, kama da caca, domin ribar ɗayan ɓangarorin biyu tana rataye ne a kan hasarar ɗayan, kuma abin da zai raba gardamar lamari ne da ba ya hannun kowa daga cikinsu.

Amanar ilimi ta sa mu faɗi cewa akwai saɓani. Shaihu Mustafa Zarƙa na Sham, wanda ya rasu a 1999, ya halarci zaman Makka kuma ya saɓa wa sauran. A ganinsa abin da mutum yake saye shi ne kwanciyar hankali, kuma yana samun ta tun ranar da ya biya. Wasu malaman sun sassauta ga mai matsananciyar buƙata a inda babu wata hanya. Ba mu zagin wanda ya bi su, amma abin da muke karantarwa shi ne hukuncin mafi rinjayen malamai, musamman da yake akwai hanyar halal a buɗe.

MAFITA: ASUSUN TAIMAKON JUNA

Majalisun nan biyu da suka haramta inshorar kasuwanci su ne kuma suka halatta inshorar taimakon juna, wadda ake kira takaful. Asalinta umurnin Allah ne cikin Suratul Ma'ida, aya ta 2, da mu taimaki juna a kan alheri da taƙawa. Buhari da Muslim sun ruwaito cewa Manzon Allah (S.A.W.) ya yabi ƙabilar Ash'ariyyawa, domin idan guzurinsu ya ƙare a wurin yaƙi, ko abincin iyalansu ya yi ƙaranci a Madina, sukan tara abin da ke hannunsu cikin mayafi guda su raba daidai, har ya ce su nasa ne shi kuma nasu ne.

Mai karatu zai ce: ai nan ma wani zai zuba bai karɓa ba. Amsa ita ce mazhabarmu ta Imamu Malik ta bambanta ciniki da kyauta. Imamu Ƙarafi, wanda ya rasu a Masar a 684 bayan Hijira, ya bayyana cewa garari yana ɓata ciniki, domin kowane ɓangare riba yake nema, amma ba ya ɓata kyauta da sadaka, domin mai bayarwa ba musaya yake nufi ba. Imamu Haɗɗab kuma, mai sharhin Muhtasar, ya yi bayanin cewa wanda ya lizimta wa kansa wani alheri to ya zama wajibi a kansa. A kan waɗannan ginshiƙai biyu aka gina takaful. Kamfanin farko na irin wannan an kafa shi a Sudan a 1979, Maleziya ta yi masa doka a 1984, CIMA kuma ta fitar da ƙa'idar takaful ga ƙasashenta a 2019. Wanda ya sami kamfani mai wannan tsari, da kwamitin malamai da ke sa masa ido, yana iya shiga.

Amma ba sai mun jira kamfani ba. Mu ɗauki misali: masu sana'a 40 na unguwa guda su amince kowa ya riƙa zuba jika 2 a wata. A wata an tara jika 80, a shekara jika 960. Idan aka ƙayyade cewa mafi yawan abin da za a ba wanda aka yi wa sata jika 300 ne, asusun zai iya tayar da mutum 3 a shekara, a yi rarar jika 60. Wannan ya bambanta da adashe, domin a adashe kowa abin da ya zuba yake kwasa, a nan kuwa sai wanda masifa ta taɓa. Ga sharuɗɗan da za su sa asusun ya inganta:

1. Kowa ya zuba da niyyar taimako. Wanda ya fita ba zai nemi a mayar masa da abin da ya zuba ba.

2. Kuɗin na asusun ne, ba na shugaba ko ma'aji ba. Idan an ba ma'aji lada, ya zama sananne tun farko. Rarar shekara ta zauna cikin asusun, ko a rage wa mutane zubin shekara mai zuwa.

3. Kada a ajiye kuɗin inda za su haifi kuɗin ruwa.

4. A rubuta komai, kamar yadda ayar bashi ta Suratul Baƙara, aya ta 282, ta koyar: sunan kowane inji, lambarsa, darajarsa, da hotonsa a cikin waya, a gaban shaidu biyu.

5. A biya kashi biyu cikin uku na darajar abin da ya ɓace, don kada mai kaya ya yi sakaci da tsaronsu.

6. Idan hasara ta fi abin da ke cikin asusun, a yi karo-karo, ko mai hali ya ba asusun rance ba tare da ƙari ba.

7. A yi wa asusun rajista wurin hukuma kamar sauran ƙungiyoyi.

Kuma a sa sharaɗin tsaro. Malamanmu sun ce ma'ajiya ta Shari'a ita ce wurin da, a al'adar mutane, wanda ya ajiye abu a cikinsa ba a cewa ya tozarta shi. Mota rufaffiya mai makulli, cikin gida ko gareji mai gadi, ma'ajiya ce. Akori-kura mai buɗaɗɗen baya da aka bari a bakin titi tun isha'i har asuba ba ma'ajiya ba ce, kuma ba adalci ba ne 'yan'uwa su biya sakacin mutum guda. Abin da yake ɗaukuwa a shigar da shi ɗaki da dare, mai nauyi a ɗaure shi da sarƙa, a kuma zana sunan mai shi a jikin ƙarfen.

KAYAN MUTANE DA KE CIKIN MOTAR

Sau da yawa ba kayan mai sana'a kaɗai ke cikin motar ba. Akwai injin ban ruwa na mai garka da aka kawo gyara, ko injin da aka aro wurin abokin aiki. A mazhabar Malik, mai sana'ar da ya buɗe ƙofarsa ga jama'a, idan ya tafi da kayan mutum don ya gyara suka ɓace a hannunsa, shi zai biya, sai fa in ya kawo shaidu cewa sun halaka ba da sakacinsa ba. Haka hukuncin yake ga wanda ya ari abin da ake iya ɓoyewa. Wanda aka ba ajiya kuwa, da yaron shago ko direban da ke aiki ƙarƙashin maigida, su amintattu ne, ba su biya sai idan sun yi sakaci ko sun ƙetare iyaka. Saboda haka maigidan da yake yanke albashin yaronsa don an fasa motar da yaron ya kulle yadda aka umurce shi, ya ji tsoron Allah. Ya kamata 'yan asusu su yanke tun farko ko kayan mutane suna cikin abin da za a biya.

GARGAƊI BIYU

Wanda ya sayar da injinsa a ɓoye ya zo ya ce an sace, ko ya ƙara wa kayan daraja, haram ya ci, ko daga asusun 'yan'uwa ne ko daga kamfani. Ganin cewa kamfanin ba a kan Shari'a yake ba bai halatta yi masa ƙarya ba, kuma Manzon Allah (S.A.W.) ya barranta daga mai algus.

Sannan ɓarawo ba ya sata sai don ya san akwai mai saye. Wanda aka kawo wa injin jika 200 a kan jika 40, ba takarda, da tsakar dare, ya san abin da yake saye. Cinikin ɓatacce ne, kayan suna nan a kan mallakar mai su, kuma abincin 'ya'yan ɗan'uwansa ne ya shigar shagonsa.

Muna kira ga limamai da kwamitocin masallatai da sarakunan sana'o'i su zauna da masu sana'ar unguwanninsu su duba wannan tsari, su fara ko da mutum 10 ne. Allah ya tsare mana dukiyoyinmu da imaninmu, ya mayar wa waɗanda aka yi wa hasara da mafi alheri, ya wadatar da mu da halal ɗinsa ga barin haram ɗinsa. Allah ne mafi sani.