Takalmin Kariya: Yadda Ake Zaɓensa da Yadda Ake Riƙonsa

A shekarar 1929 layin dogo ya iso Ƙaura Namoda daga Zariya, bayan ya ratso Funtuwa da Gusau. Nan ne ƙarshensa. Tun daga lokacin garin ya zama wurin loda kaya da sauke kaya, su gyaɗa da auduga da fatu. Yau jirgi ba ya zirga-zirga kamar da, amma aikin ƙarfi bai ragu ba. Akwai masu buga bulo, da birkiloli, da masu walda, da makanikai, da kafintoci. Ranar Alhamis 'yan dako suna yini ƙarƙashin buhuna a kasuwar Shinkafi. A Zurmi manoman fadama suna yini cikin ruwa da laka a gefen gulbin Bunsuru.

Ka dubi ƙafafun waɗannan mutane. Mafi yawansu silifa ce, wasu takalmin taya, wasu kuma ƙafa Allah. Alhali ƙafar nan ita ke kai mutum wurin neman abinci. Lebura ba shi da albashi. Ranar da bulo ya fasa masa yatsa, daga ranar babu kuɗin cefane sai ya warke.

Me ya sa ake ce masa na kariya?

Maganin wannan shi ne takalmin kariya, wanda ma'aikata suke kira sefti. Wani dogo ne, yana rufe idon sawu. Wani gajere ne mara nauyi, mai kama da kambas ɗin 'yan ƙwallo, shi ne samari suka fi so. Ko wanne ne, abu uku ake dubawa.

Na farko ƙoƙon da ke gaba, wanda ke rufe yatsu. Ana yinsa da ƙarfe, ko da wata roba mai taurin gaske. Ƙoƙo na ƙwarai yana jure abu mai nauyin kilo 20 da ya faɗo daga tsawon mita 1. Bulo ɗaya mai inci 9 yakan kai wannan nauyin. Ƙoƙon yana kuma jure dannin da ya kai tan ɗaya da rabi. Na biyu farantin da ake shimfiɗawa a cikin tafin takalmin don kada ƙusa ta huda. Ba kowane sefti ke da shi ba. Na uku tafin kansa, mai zane-zane masu zurfi, don kada santsin baƙin mai ko laka ya kwashe mutum.

Karanta harshen takalmi

A nan karatun da kake koyo zai yi maka rana. Ɗaga harshen takalmin, wato fatar da ke ƙarƙashin igiya. Za ka ga ɗan ƙyalle mai rubutu. Nemi wannan: EN ISO 20345. Ita ce lambar ƙa'idar da ake gwada takalmin kariya da ita a Turai da ƙasashe da yawa. Ka karanta ta har ƙarshe. Idan da 5 ta ƙare, akwai ƙoƙo. Idan ka ga 20347, mai ƙarewa da 7, takalmin aiki ne, amma babu ƙoƙon kare yatsu. Waɗanda suka fito daga Amurka kuwa ASTM F2413 ake rubuta musu.

Kusa da lambar akwai harafin S. S1 na wuri ne busasshe, kamar sito ko shago. S1P shi ne S1 da aka ƙara wa farantin tare ƙusa. S2 ba ya saurin shan ruwa, amma ba shi da faranti. S3 ya haɗa duka: ƙoƙo, da faranti, da fata mai jure ruwa, da tafi mai zurfin zane. S4 da S5 na roba ne zalla, irin rambut, kuma S5 ne mai faranti. Idan ka ga HRO, tafin yana jure zafi mai tsanani na ɗan lokaci.

Mai aikin wutar lantarki ya saurara da kyau. S1 da S2 da S3 ba sa hana wuta kama mutum. Kada ka taɓa waya mai wuta don kana sanye da sefti. Kashe wutar tukuna.

Kowace sana'a da nata

Sefti mai kama da kambas yana da daɗi a bazara, domin samansa raga ce, iska tana shiga. Ya dace da ɗan dako, da kafinta, da mai aikin sito, da ɗalibin da ke shiga ɗakin koyon aikin hannu a Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya da ke Ƙaura Namoda. Kafinta dai ya tabbata nasa mai faranti ne, don shagonsa ba ya rabuwa da ƙusoshi.

Amma ban yarda mai walda ya sa shi ba, kome kyansa. Tartsatsi yana narkar da ragar nan take, leda mai zafi ta manne a fata. Mai walda fata yake bukata, doguwa, in so samu ne wadda ba ta da igiya, ya kuma sauke ƙafar wandonsa ta rufe bakin takalmin. Haka mai kwaɓa siminti. Ɗanyen siminti yana cin fata, kuma ba ya zafi da farko, sai da dare mutum ya ga ƙafarsa ta saɓule. Shi rambut ya kamata ya sa. Manomin fadama ma rambut, wanda ke rage masa haɗarin ƙaya da saran kububuwa.

Wurin saye

Sabo yana da tsada, shi ya sa yawancinmu gwanjo muke nema. Ana samu a kasuwar Shinkafi da Ƙaura da Gusau. Masu sari da yawa daga Kano suke ɗaukowa, a Ƙofar Wambai ko Sabon Gari. A cikin dila ɗaya akwai na ƙwarai, akwai wanda ya gama yayi. A cikin sababbi kuma akwai jabu, har da rubutun nan na harshe an buga masa. Don haka bayan ido ya karanta, hannu ya gwada.

Ga yadda wani birkila ya yi da mai takalma.

"Salamu alaikum. Alhaji, wanga nawa?"

"Amin, alaikumus salam. Malam, ɗauka ka gani tukuna. Bai taɓa taka ƙasa ba."

Birkila ya danna gaban da babban yatsa, bai lotsa ba. Ya ajiye shi ƙasa, ya hau kansa da dunduniya, bai motsa ba. Ya zare shimfiɗar ciki ya leƙa. Sai ya juya takalmin, ya lanƙwasa shi, ya sa farce ya karci tafin. Wani gari-gari ya biyo farcen, tafin kuma yana ɗan danƙo a hannu.

"Alhaji, gaskiyarka, bai taka ƙasa ba. Amma ya daɗe a ajiye. Miƙo mini wancan mai tafin roba."

"Wancan ya fi kuɗi fa, Malam."

"Na sani. Araha ba ta ado."

Abin da birkilan ya gano yana da muhimmanci, domin shi ya fi cutar masu sayen gwanjo. Sefti da yawa ana yi musu tafi da wani abu mara nauyi mai kama da soso, ana rubuta masa PU. Idan ya yi shekaru, laimar iska tana ruɓar da shi daga ciki, zafi kuma yana ƙara masa sauri. Wanda aka ajiye ba a sawa ya fi saurin lalacewa. Sai ka ga takalmi yana ƙyalli, ka sa shi kwana biyu, tafin ya farfashe a hanya. Shumeka ba shi da maganin wannan, sai dai a sake tafi gaba ɗaya. Wasu takalman akwai wata da shekarar da aka yi su a jikin tafin ko a harshen. Ka nema ka karanta.

Wasu suna zuwa da maganaɗisu don su gwada ƙoƙon. Dabara ce mai kyau, sai dai ƙoƙon roba mai tauri ba ya kama maganaɗisu, kuma shi ma na gaske ne. Danni da hawa kai su suka fi nuna gaskiya. A gwanjo ka shafa ƙoƙon ta ciki da ta waje. In ka ji lotsawa ko tsagewa, wani abu ya riga ya faɗa masa, ajiye shi.

Gwaji kuma da yamma ake yi, lokacin da ƙafa ta ɗan kumbura. Ka sa safar da za ka riƙa aiki da ita, ka sa ƙafa biyu, ka taka, ka tsuguna. Tsakanin dogon yatsanka da gaban takalmin a sami faɗin babban yatsan hannu. Kada mai kaya ya ce maka zai buɗe. Fata tana buɗewa, ƙarfe ba ya buɗewa.

Hanyoyinmu ba su da tabbas a shekarun nan saboda 'yan bindiga, ba kowa ke son yin tafiya don takalmi ba. In saƙo za ka bayar, lamba kaɗai ba ta isa, domin 42 na wani kamfani ba shi ne 42 na wani ba. Ka sa safa, ka taka kwali, a zagaye ƙafarka da biro, a yanke. Ka rubuta S3 ko S1P a jikin kwalin, ka ba direba ko ɗan'uwan da zai tafi. Idan kwalin ya kwanta a cikin takalmin bai lanƙwashe ba, har da ɗan saura a gaba, to zai yi maka.

Riƙo

Kullum in an tashi aiki, ka buga tafin biyu da juna, ƙasa ta zube, ka bi da buroshi. Siminti ko baƙin mai a goge shi ranar da ya taɓa, da tsumma da ɗan ruwan sabulu. Ka duba tafin, ka cire tsakuwa da guntun waya da suka maƙale.

In ya jiƙe da damina, zare shimfiɗar ciki, ka sassauta igiya, ka cusa tsohuwar jarida, ka ajiye a inuwa inda iska ke bi. Kada a kai shi bakin murhu, kada a ɗora shi kan kwanon ɗaki. Zafi yana ƙeƙashe fata, yana sakin gam. Da hunturu fata tana bushewa ta tsage, sai a riƙa shafa mata man takalmi ko ɗan man kaɗanya. Mai raga ba ya son mai, wanki da hannu ya ishe shi.

Akwai wata ɗabi'a da ta kashe takalma masu yawa a garuruwanmu. Mutum ya cire don alwala, ya dawo yana sauri, sai ya take bayan takalmin ya mai da shi silifa. In bayan ya karye, takalmin ba zai sake riƙe ƙafa ba, yatsu ma ba za su zauna daidai ƙarƙashin ƙoƙon ba. Ka ajiye silifa a wurin aiki don alwala da masallaci. Bayan salla ka tsane ƙafarka, musamman tsakanin yatsu, sannan ka sa safa. Jiƙaƙƙiyar ƙafa a rufaffen takalmi ita ke kawo wari da ƙaiƙayi da ruɓewar tsakanin yatsu. Safa ta auduga, a riƙa canjawa kullum. Da safe kuma kafin ka zura ƙafa, ka kife takalmin ka kaɗe, domin kunama tana son duhu.

Kada takalmin aiki ya shiga ɗakin kwana. A shekarar 2010 gubar dalma ta kashe yara kimanin 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, nan cikin Zamfara. Ƙurar duwatsun zinariya ce ta shiga gidaje, inda yara ke rarrafe suna kai hannu baki. Ƙura irin wannan tana bin tufafi da takalmi. Mai haƙar ma'adinai, da mai gyaran batir, da mai fenti, da mai feshin maganin ƙwari, kowa ya bar takalminsa a wurin aiki, ko ya rataye shi a zaure inda hannun yaro ba ya kaiwa.

In ya gama aiki

Shumeka yana iya ɗinke yagewa, ya manne tafin da ya ɗaga. Ka hana shi buga ƙusa a tafin. Amma in abu mai nauyi ya faɗa wa ƙoƙon har ya lotsa, takalmin ya biya kuɗinsa, ba zai jure na biyu ba. Haka in zanen tafin ya shafe ya zama sumul.

In kuwa tsautsayi ya sa ƙusa ta shiga ƙafarka, wanke wurin da sabulu da ruwa mai tsabta, ka tafi asibiti a ranar. Kada ka zuba baƙin mai, ko man birki, ko toka. Ramin ƙusa ƙarami ne a ido, amma ta nan tetanus ke shiga, ciwon nan da ke sa haƙora su sarƙe, jiki ya sandare. Akwai allurar rigakafinsa. Mai ciwon suga ya fi kowa bukatar gaggawa, domin rauninsa ba ya saurin warkewa.

Sauran magana ta iyayen gida ce. Dokar masana'antu ta Nijeriya ta 1987 ta ɗora wa mai masana'anta nauyin ba ma'aikata kayan kariya a aiki mai cutarwa. Gareji da wurin buga bulo ba kasafai jami'an gwamnati ke leƙa su ba, amma yaron da aka kawo maka koyon aiki amana ne. Bai kamata oga yana cikin sefti, yaronsa yana riƙe masa rodi da silifa ba. Inda kuɗi suka yi wuya, ma'aikatan wuri ɗaya suna iya yin adashe, duk wanda ya kwasa ya sayi nasa, a fara da wanda aikinsa ya fi haɗari.

Aikin gida

Ka nemi takalmin kariya, naka ko na maƙwabci. Ka kwafe duk haruffa da lambobin da ke harshensa a littafinka. Ka zo da su aji, mu karanta tare, mu ga ko ya dace da sana'ar mai shi.